Rabin Matakin Injiniya Rabe

Duk wanda ya daɗe a unguwar Rusholme ta Manchester ya san Injiniya Rabe, ko da bai san sunansa ba. Shi ne dogon dattijon nan da ke bin Wilmslow Road hannuwansa cikin aljihun kwat ko da rana ta fito, wanda ba ya tsallaka titi sai fitila ta ba shi hanya, ko da babu bas ko ɗaya. Shekara talatin da huɗu ya yi yana gyaran lif a dogayen gidajen council, wato na ƙaramar hukuma, kafin ya yi ritaya. Idan ka tambayi Hausawan Manchester, likitocinsu da akantocinsu da ɗaliban da ke zuwa suna tafiya, za su ce maka mutumin kirki ne, ba ya fashin jana'iza, ba ya tsoma baki a abin da bai shafe shi ba. Wasu sai su rage murya su ƙara da cewa, an ce yana yi wa wani mutumin Jos kiɗa a Birmingham. Ba ƙarya suka yi ba, sai dai abin da suka sani bai kai rabi ba.

A Fagge aka haife shi, amma a Bukuru ya yi wayo, domin can aikin jirgin ƙasa ya kai mahaifinsa. Maƙwabcinsu malamin makaranta ne mai tsohon fiyano a falo. Rabe ya fara da leƙe ta taga, ya ƙare da zama a kan kujerar. Mahaifinsa ya zane shi sau biyu, a na uku ya gaji ya zuba masa ido. A 1978 gwamnati ta turo shi Manchester karatun lantarki, ya gama, ya ce zai yi shekara biyu ya koma. Har yau shekara biyun ba su cika ba.

Da Nyam Dung suka haɗu a 1985, wurin bikin 'yancin kan Najeriya a wani zaure a Birmingham. Makaɗin da aka ɗauko bai zo ba, mawaƙin kuwa, wani gajere mai ƙirji kamar randa, yana tsaye gefen fiyano yana zagin mutumin da Hausar Jos. Rabe ya matsa ya ce masa in ba zai raina ba, zai iya riƙe masa. Nyam ya dube shi tun daga hula har takalmi ya ce, "Ɗan Kano, wannan ba kalangu ba ne fa." Rabe ya zauna ya ɗora hannu. Kafin a kai ƙarshen waƙa ta biyu Nyam ya daina waiwayensa, kuma a wurin mawaƙi babu yabon da ya wuce wannan.

Tun daga ranar ba su rabu ba. Waƙoƙin da Nyam ke yi tsofaffin waƙoƙin jaz ne, irin waɗanda kowane mawaƙi ya gada, ba a tambayar wa ya rubuta su sai dai wa ya fi iya rera su. Sun yi su a otal-otal lokacin abincin ranar Lahadi, sun yi su a bukukuwan aure, da tafiya ta yi tafiya suka koma yin su a gidajen kula da tsofaffi. Ba su yi suna ba. Kusan kowace Asabar Rabe zai shiga jirgin ƙasa daga tashar Piccadilly da fulas ɗin shayinsa, ya sauka Birmingham, ya taka zuwa flat ɗin Nyam a Ladywood. In lokacin salla ya yi suna wurin aiki, sai ya shimfiɗa dardumarsa a ɗakin ajiyar kujeru, Nyam ya tsaya a bakin ƙofa kamar dogari yana kora ma'aikatan otal da hannu. Shekara kusan arba'in, ko sau ɗaya Nyam bai bari an ƙetare masa gaba ba.

A gida kuwa fiyanon Rabe na jingine da bango an lulluɓe shi da farin mayafin tebur, an jera hotunan yara a kai. Baƙo zai zauna ya tashi yana zaton kabad ne. Dokar matarsa Zinatu ce, kuma ta faɗa masa tun farko, "Ba kunyarka nake ji ba, Injiniya. Bakin mutane ne ba ni da ƙarfinsa." Bai yi musu ba. Shi ma ya san ranar da aka taɓa gabatar da shi ya ja salla a gidan suna, wani ya yi tari saboda raɗe-raɗin kiɗan, aka gabatar da wani.

Abin da ba wanda ya sani sai Zinatu shi ne wannan. Kowace waƙa tana da tsayin da mawaƙi ke ɗaukarta, kuma makaɗi ne ke kafa masa wannan tsayin da sautin farko. Wata Lahadi a 1999, bayan Nyam ya tashi daga wata doguwar mura, ya hau saman wata waƙa muryarsa ta tsage. Masu cin abinci ba su lura ba, amma Rabe ya ga ƙeyar abokinsa ta jiƙe da gumi. Mako na gaba da suka zo kan waƙar, sai ya sauko da ita rabin mataki, bai ce komai ba. Nyam ya hau ta sumul. Da suka fito ya bugi ƙirji ya ce, "Ka ji ko? Muryata ba ta san tsufa ba."

"Ba ta sani ba kam," in ji Rabe.

Haka ya ci gaba. Duk waƙar da ya ji ta fara yi wa Nyam tsayi, sai ya sauko da ita kaɗan, wata bayan shekara uku, wata bayan biyar. Da numfashin Nyam ya fara gajarta, sai ya riƙa saƙa wasu 'yan kiɗe-kiɗe a tsakanin baitoci, mai sauraro ya ɗauka ƙawa ce, alhali wurin shan iska ne ya gina wa tsoho. Bai rubuta ko ɗaya a takarda ba, don kada wata rana Nyam ya gani. Waƙa sama da sittin, kowace da inda ta sauko ta tsaya, duk a kansa da yatsunsa. Aikin da ya fi alfahari da shi ke nan a rayuwarsa, fiye da duk lif ɗin da ya gyara, kuma aiki ne da in ya yi kyau ba mai ganinsa. Zinatu kan ce masa, "Wai kai har yaushe za ka riƙa lallaɓa ƙaton mutum?" Sai ya ce ai ba lallaɓawa ba ce, sana'ar ke nan.

Abu ɗaya ne ke ci masa rai. Duk shekarun nan ba su taɓa shiga studiyo ba. In ya mutu, ba abin da 'yarsa Shifa za ta kunna ta ce wannan hannun babana ne.

Sai ga shi a watan Fabrairun bara Nyam ya kira shi a waya. Wani ƙaramin kamfanin faifai a Birmingham ya ji shi a wani taro, sun ce suna son tsoho ɗan shekara saba'in da takwas ya yi musu waƙa goma sha biyu daga cikin tsofaffin nan.

"Ɗan Kano, lokacinmu ya zo," in ji shi. "Sai mu zauna mu yi rehearsal, mu maimaita waƙoƙin sosai. Ni zan riƙa zuwa wurinka, fiyanonka ya fi nawa."

Rabe ya ajiye waya ya ƙura wa fiyanon ido har Zinatu ta tambaye shi ko rasuwa aka yi. Nyam da bai taka Manchester ba tun aurar da Shifa, sai ga shi kowace Asabar da hantsi yana hawo matakala yana haki. Yakan ɗora wayarsa a kan fiyano ya danna ɗaukar sauti, ya ce ƙwaƙwalwa ta tsufa, yana son ya riƙa saurare a gida. Kowace waƙa sau biyu suke yin ta. Ta farko da murya. Ta biyu kuwa Nyam kan koma kujera ya ce, "Yanzu kai kaɗai, sannu a hankali, in ji hannunka na hagu sosai." Rabe ya ji daɗin wannan har cikin ransa. Ya ɗauka bayan shekara arba'in abokinsa ya waiwayo yana son ya ji abin da ake yi a bayansa.

Hannun hagun nan kuwa shi ne damuwarsa. Shekara biyu ke nan sanyin ƙashi ya kama masa yatsu biyu. Ya je wurin likitan unguwa aka canza masa magani, ya riƙa jiƙa hannun a ruwan ɗumi kafin Nyam ya iso. Ya aika Kano aka ɗinko masa shadda ruwan toka don hoton bangon faifai. Sannan ya yi abin da ya fi duka girma. Ranar sunan jikan Dakta Sa'id, wani dattijon likita cikin Hausawan garin, falo cike da manyan mutane, aka zo kan hirar me kowa ke yi da ritayarsa, sai Rabe ya gyara zama ya ce, "Ni dai fiyano nake kaɗawa. Album ma za mu fitar bana, in sha Allahu." Sai Dakta Sa'id ya yi dariya ya ce a ajiye masa kwafi ɗaya. Da suka koma gida Zinatu ta kwashe hotunan, ta yaye mayafin, ta ninke shi ta sa a durowa.

Wata uku suka yi, waƙa goma sha biyu suka kammala. Daga nan ranar shiga studiyo ta fara gudu. An ɗage zuwa Yuni. Mai kamfanin ya yi tafiya. Ana gyaran studiyon. Nyam ya daina zuwa, in an kira shi kuma maganarsa gajera ce. Rabe bai kawo komai a ransa ba, mutumin da ya yi aiki da council ya san yadda ake ɗage abu.

A watan Satumba aka yi rasuwa a unguwar Sparkbrook ta Birmingham, ya je ta'aziyya. Bayan azahar ya fito Stratford Road, ya ce tunda ya zo gari bari ya leƙa Nyam, ga dambun naman da Zinatu ta ba shi ya kai masa. Bai kira ba, don bai taɓa kira kafin ya je gidan ba.

Tun daga kan matakala ya ji kiɗan da muryar Nyam. Ya tsaya da leda a hannu. Waƙa ta bakwai ce, a daidai inda ya sauko da ita shekara huɗu da suka wuce. Ga ɗan kiɗan da yake sa wa bayan baiti na biyu don Nyam ya ja numfashi, ga wanda yake sa wa kafin amshi. Da farko ya ɗauka wayar ce ake kunnawa. Sai ya ji hannun hagun yana gudu ba tangarɗa, yadda nasa yake yi shekara goma baya.

Nyam ne ya buɗe ƙofa. Da ya gan shi bakinsa ya buɗe bai rufe ba. A bayansa wata Baturiya ce zaune gaban fiyano, ba za ta wuce talatin da 'yan kai ba, takardun kiɗa jibge a gefenta. Ta miƙe da fara'arta, ta ce da Turanci sunanta Chloe, kuma ko ba a faɗa mata ba ta san wannan shi ne Rabe. Ta ce wata huɗu ta yi tana sauraren hannunsa a waya tana rubutawa, sauti bayan sauti, ba ta taɓa jin wanda ya san numfashin mawaƙinsa haka ba. Ta ce ta so ƙwarai a ce ya zo studiyo a watan Yuli ya ji yadda abin ya fito, amma Nyam ya ce mata ba ya jin daɗin jikinsa, ya ajiye kiɗa. Ta tambaye shi ya hannun.

Ba laifin yarinyar nan ko kaɗan, kuma Rabe ya gane haka nan take. Ya gode mata, ya ce hannu da sauƙi. Sannan ya juya ga Nyam, ya koma Hausa.

"An yi faifan ke nan."

"Zauna mana, Ɗan Kano. Zauna in yi maka bayani."

"An yi ko ba a yi ba?"

"An yi." Nyam ya share fuska da tafin hannu. "Mutanen kamfanin faifan ne. Na kai musu recording ɗinmu na farko tun Fabrairu, suka ce hannunka na hagu ya yi nauyi. Kwana uku kawai suka ba mu a studio, ba lokacin maimaitawa. Suka ce ko da yarinyar nan, ko a bar maganar. Ni kuma shekarata saba'in da takwas, Rabe. Wa zai sake kira na?"

"Tun Fabrairu."

"Tun Fabrairu."

"To zuwan da ka riƙa yi gidana fa? Matata tana dafa maka tuwo?"

Nyam ya dubi ƙasa. "Mun gwada da ita da takardun asali, yadda aka rubuta waƙoƙin. Ko ɗaya ban iya hawa ba. Dole sai a key ɗinka, tsayin da ka sauko da su, da wuraren da kake bar mini in huta. Kai kuma ba ka taɓa rubuta su ba."

Rabe ya ji kamar lif ya tsinke da shi. Ya ce a hankali, "Ashe ka sani."

"Haba, Rabe. Mawaƙi ne ni fa. Tun Lahadin farko na sani. Maƙogwarona ne, ya za a yi a sauko da waƙa ban ji ba?"

"Ka riƙa bugun ƙirji kana cewa muryarka ba ta san tsufa ba."

"Kai ma ka riƙa cewa haka ne. Na ga kana jin daɗin abin, na bar maka."

Nan ne abin ya fi yi masa ciwo, fiye da faifan kansa. Shekara ashirin da biyar yana ɗauke da sirri kamar mai ɗauke da ƙwai, yana hana kansa ko da godiya don kada abokinsa ya ji kunya, ashe mutumin yana sane, yana karɓa, bai taɓa cewa sannu ba. Da ranar amfani ta zo kuma, ya san daidai abin da zai zo ya ɗauka da inda yake.

"Muryarka ta yi nauyi shekara ashirin da biyar," in ji Rabe. "Kullum ina saukowa in same ka inda kake. Hannuna ya yi nauyi shekara biyu."

"Sunanka na ciki. Na sa an rubuta a wurin godiya."

Rabe ya ajiye ledar a kan tebur ya ce Zinatu ce ta aiko, ya yi wa Chloe sallama da Turanci, ya sauka. Nyam ya biyo shi har bakin matakala yana kiran Ɗan Kano, Rabe bai waiwaya ba.

Faifan ya iso ta gidan waya a watan Oktoba. Nyam ne a bango cikin baƙar kwat, ya yi kyau. A ciki, can ƙasa, an gode wa mai kamfani, da limamin cocinsu, da wani mai aski a Ladywood, da "tsohon abokina Rabe". Shifa ta zo daga Leeds ta kunna a falo, don ba wanda ya gaya mata komai. Tun waƙar farko ta yi murmushi ta ce da Turancinta na Manchester, ai ko a mafarki ta ji wannan ta san hannun babanta ne. Rabe ya tashi ya shiga kicin. Zinatu ce ta rage sautin ta zaunar da ita.

A masallaci Dakta Sa'id ya tambaye shi kwafinsa sau biyu. A na biyu Rabe ya ce masa ba da shi aka yi ba, Daktan ya ce Allah Ya sa haka ne mafi alheri, da irin muryar da ke nuna shi dama bai ga dacewar abin ba. Shaddar ruwan toka tana nan a leda. Mayafin ma yana durowa, Zinatu ta ce ita ba za ta mayar ba, in yana so ya mayar da hannunsa. Bai mayar ba, bai kuma buɗe fiyanon ba.

Saura mako ɗaya a yi taron ƙaddamar da faifan a Birmingham, wata Asabar da hantsi, waya ta yi ƙara. Rabe ya ga sunan ya bar ta ta katse. Ta sake. A karo na uku ya ɗauka.

"Ɗan Kano." Muryar ta dushe. "Na san ba ni da bakin magana. Amma waƙa ta bakwai tana ba ni wahala, da ta tara. A Yuli lafiya lau na yi su, yanzu in na hau sama sai abin ya tsage. Yarinyar tana bin takarda daidai yadda ka kaɗa, ba ta canza komai ba. Mutum ɗari biyu za su zo. Me ke faruwa ne?"

Rabe ya san amsar tun ranar da ya tsaya a kan matakalar Ladywood, don kunnensa ya ji ta kafin zuciyarsa ta gane sauran. Ta bakwai tana son rabin mataki. Ta tara tana son a ƙara mata wurin hutu kafin baiti na ƙarshe. Ya kuma san Nyam ya san haka sarai, kuma Chloe za ta iya gyarawa cikin minti biyar in aka gaya mata. Ba shawara Nyam ke nema ba. So yake a yi masa yadda aka saba, wani ya sauko da waƙar a ɓoye ba tare da shi ya buɗe baki ya roƙa a gaban yarinya ba. Ya dubi hannunsa na hagu a kan gwiwa, ya ga yatsun har sun fara neman sabon wurin da kansu. Ya dunƙule su.

"Muryarka ce ta tsufa, Nyam," ya ce. "Ka gaya mata."

Ya ji numfashin tsohon a waya, gajere, yana jiran a ƙara masa wani abu. Rabe bai ƙara ba. Ya kashe wayar, ya sa hannun a aljihu, ya ce wa Zinatu zai ɗan taka zuwa Wilmslow Road ya sayo burodi.